Kafaɗar Surukina

Ranar sunan jikana na baya-bayan nan, mijin autata ya zo ya zauna kusa da ni a benci ɗaya, gwiwa tana gugar gwiwa, ya ɗora hannunsa a kafaɗata, ya ɗaga wayarsa sama ya ce in ɗan yi murmushi za a ɗauki hoto. Na yi murmushin, to ya zan yi? Yaron kirki ne, ba shi da wani mugun nufi, shi ne ma mai kai ni asibiti a bayan babur in ƙafar nan tawa ta motsa. Amma wallahi har taro ya watse ina jin nauyin hannun nan a inda ya ɗora shi, wainar sunan ma kasa cinta na yi. Tsohuwar matata ta hango ni daga bakin ƙofa, ta dube ni ta kawar da kai, don ita kaɗai ta rage a duniyar nan da ta san abin da ke cina. 'Ya'yan yanzu a wurinsu kafaɗa wurin ajiye hannu ce kawai. Mu a zamaninmu akwai kafaɗar da ta fi ƙarfin hannun mutum, kuma a kan irinta ne garinmu ya rasa burtalinsa, matata ta rasa ubanta, ni kuma na yi shekara da shekaru ana nuna ni da baki.

Wanda bai ga burtalin nan ba, ba zai gane abin da nake wa kuka ba. Ƙauyenmu ba shi da nisa da Yako, burtalin kuwa ya taso ne daga rugagen da ke kan tudu, ya ratsa tsakanin gonakinmu, ya gangara har mashaya a bakin rafi. Faɗinsa ya isa shanu goma su jera, gefe da gefe an kafa shingen aguwa tun zamanin kakanni, kuma ko manomin da ya fi kowa haɗama ba ya kai fartanyarsa ciki. Ba mu da agogo a lokacin, shanun ne agogonmu. In hantsi ya ɗaga ka ji ƙasa tana amsawa a ƙarƙashin ƙafarka, ƙaho yana karo da ƙaho, 'yan maruƙa suna kuka can a turke inda aka baro su, makiyayi yana kiran kowace saniya da sunanta, to ka san lokacin shan kunu a gona ya yi. In ka sake jin sun juyo, ka fara neman ruwan alwalar la'asar. Da an gama girbi mahaifina yakan tafi ruga da goro da damin dawa, ya roƙi a kawo garke ya kwana a gonarmu, su ci kara su bar mana taki. Aikina ne in bi da kwando ina baza kashin shanun inda bai kai ba, ina yi ina ƙunƙuni, shi kuma yana cewa in yi a hankali, tuwon baɗi ne a hannuna. Yanzu ga 'ya'yana nan suna rububin buhun takin zamani, ƙasar kuma kullum ƙara fari take yi.

Garken da ke kwana a gonarmu na abokin mahaifina ne, Arɗon rugagen tudu, wanda daga baya ya zama surukina. Ba zan kama sunansa ba ko yanzu da ya daɗe a ƙasa, Baffa muke ce masa. Dogo ne siriri, malafarsa kullum a rataye a bayansa, ba ya ɗaga murya ko a kan saniya. Mu ma asalinmu Fulanin gida ne, sai dai Fillancin ya gudu ya bar mu tun kakanni, fulakon ne kawai, wato kunyar nan ta Fulani, ya zauna. 'Yarsa ta fari ce take kawo wa mahaifiyata nono da man shanu, tun ina yi mata tsiya cewa ta cika ruwa a nonon, har abin ya zama abin da ya zama. Da aka je nema Baffa bai ja ba, ya ce ɗan abokinsa ai ɗansa ne. To daga ranar da aka shafa fatiha, sai ni da shi muka zama kamar ba mu taɓa sanin juna ba. Mutumin da ya ɗauke ni a wuya ina yaro ya tsallakar da ni rafi, yanzu in na hango malafarsa a burtali sai in cire takalmi in faɗa cikin dawa in tsuguna har ya wuce. Ban taɓa cin abinci a gabansa ba, ban taɓa shan ruwa yana kallo ba, ba ma hawa tabarma ɗaya, ko a masallacin Juma'a sai na duba sahun da yake in koma wani. In magana ta kama, sai in tsuguna a bayan bukka in faɗa wa ƙaninsa, ƙanin ya faɗa masa, alhali yana jina sarai. Ba tsoro ba ne, girma ne muke ba juna, don shi ma in ya riga hango ni yakan kauce ya bar mini hanya. Ina alfahari da wannan kunyar a lokacin, har misali ake yi da ni a gari.

Ana nan sai sojojin da ke mulki suka ce za su sauka. Ba karo na farko ba ne da muka ji haka a rediyon mai shayinmu, shi ya sa tsofaffi ko ɗaga kai ba su yi ba. Wani tsoho maƙwabcinmu mai tufkar igiya ya ce shi tun da yake bai taɓa ganin kura ta sa wa kanta takunkumi ba. Amma wannan karon sai suka zo da sabon salo. Suka ce ba za a bar kowa da kowa ya zaɓi ɗan majalisa ba, wai ba mu gama nuna ba, sai an bi mataki-mataki. Kowace mazaɓa za ta fitar da wakili ɗaya, wakilan su taru a Tudun Wada, su ne za su zaɓi wanda zai tafi majalisar da za ta zauna ta shirya karɓar mulki. Babu jam'iyya, babu akwati, babu dangwale. Ƙato bayan ƙato za a yi, ka tsaya a bayan wanda kake so kowa yana kallonka. Wato gari guda, da mazansa da matansa da gonakinsa, za a ƙulle a ɗora wa mutum ɗaya a ka. A mazaɓarmu ni aka ɗora wa, ba don na fi kowa hankali ba, sai don na gama firamare, ni nake karanta wa mutane wasiƙa, kuma an ce ba ni da kwaɗayi. A gindin tsamiyar kasuwa aka yi layi a bayana, na ji kaina ya kumbura, har sabuwar riga na ɗinka. Rugagen tudu mazaɓarsu daban ce, tana maƙwabtaka da tamu, su kuwa ba su ja da nisa ba suka ce Arɗo ne bakinsu. Da labari ya zo mini cewa Baffa ma wakili ne, murna na yi, ban kawo komai a raina ba.

'Yan takara biyu ne suka rage bayan an tace. Ɗaya tsohon hedimasta ne mai keke da tabarau, ya koyar a ƙauyuka da dama daga ƙasar Bebeji har Doguwa. Ɗayan wani attajiri ne da muke kira Alhajin Tarakta, don shi ya fara kawo ta yankinmu. Ya sayi gonaki hagu da dama na burtalin, kuma ya daɗe yana cewa wannan hanyar shanun asarar ƙasa ce, da za a haɗe masa gonakin nan da ya noma masarar da za ta ba mutane mamaki. Sau biyu yana kai takarda ofis ana dawo masa da ita, don burtalin yana cikin tsohuwar taswira, kuma ba mai son a ce shi ya sa hannu. Kowa ya san in ya zama ɗan majalisa ba mai ƙara dawo masa da takarda. Hedimasta kuwa har ruga ya zo a kan kekensa, ya sha fura a ƙwarya, ya ce shi ba zai yi alkawarin kwalta ko lantarki ba, amma muddin yana da baki a sama ba za a taɓa burtali da mashaya ba. Ana gobe tafiya dattawa suka kira ni zauren mai unguwa bayan la'asar. Liman ya ce mini ba kaina zan kai Tudun Wada ba, da ƙafafun mutanen gari zan tsaya. Mahaifina kuwa sai da muka fito daga zauren ya ce, "In shanun nan suka rasa hanyar ruwa, tashi za su yi. In suka tashi, matarka ta zama marainiya ubanta yana raye." Na ce masa ya kwantar da hankalinsa, ai tsayuwa ce kawai, ko jaki ya iya ta.

Da sassafe muka kama hanya a wata a-kori-kura. Aka sa Baffa a gaba kusa da direba, ni na haye can ƙarshen baya na juya fuskata ga hanyar da muka baro, har Kwanar Ɗangora har Tudun Wada ban waiwaya ba, abokan tafiya suna ta tsokanata wai angon Fulani wuyansa ya sage. Bazara ce, rana tun da safe ta fara gashi. A filin wata makaranta aka tara mu. 'Yan sanda a bakin ƙofa, sojoji a gindin darbejiya da bindigoginsu a cinya, ba su ce da kowa komai ba, kuma ba sai sun ce ba. Aka karɓe sandar kowa aka tara a gefe, na ga Baffa ya miƙa tasa, hannuwansa suka rasa inda za su zauna. 'Yan kallo an tsayar da su a waje, wasu a kan katanga wasu a kan bishiya. A tsakiyar fili an kafa turaku an ja igiya, an yi lungu biyu matsattsu irin na wurin allurar shanu, Hedimasta a bakin ɗaya, Alhaji a bakin ɗayan. Malamin zaɓe ya hau tebur ya karanta doka. Za a kira mazaɓa ɗaya bayan ɗaya, wanda aka kira ya shiga layin da yake so. Don kada wani ya kutsa tsakani, kowa zai ɗora hannunsa na dama a kafaɗar na gabansa, ƙirji a jikin baya, kada a bar inda ko kaza za ta wuce. In aka busa usur an rufe, wanda hannunsa ba ya kan kafaɗa ba a ƙirga shi. Na ji dokar da kunnena, na gyaɗa kai tare da kowa.

Aka fara kira. Layukan nan biyu suna ta tsawo tare, in wannan ya ɗara sai wancan ya kamo shi, 'yan kallo suna lissafi da yatsa daga kan katanga. Mazaɓun gefenmu su ne a ƙarshen takarda. Ina tsaye gumi yana bin bayana sai na ji an kira ta tudu, Baffa ya taka a hankali ya shiga layin Hedimasta, ya ɗora hannunsa a kafaɗar wani mutumin Doguwa. A lokacin ne na duba na ga ba kowa a wurin jira sai ni. Aka kira tamu. Na taka da ƙyar, na shiga tsakanin igiya, na tsaya taku uku a bayansa. Ban taɓa ganin bayan Baffa kusa haka ba tun ina yaro a wuyansa. Ina ganin ɗinkin da aka yi wa rigarsa a wuya, ina ganin inda igiyar malafa ta ci fatarsa, ina jin ƙamshin man shanu da hayaƙin ruga. Bai waiwayo ba, amma na ga ƙeyarsa ta sandare, ya san ni ne. Wani ɗan sanda ya zo ya daka mini tsawa in matsa in ɗora hannu. Na ɗaga hannun har rabi, wallahi na ɗaga, sai ya ƙi ƙarasawa. Na roƙe shi ya bar ni in sauya wuri da wani na gaba, ya ce wanda ya shiga ya shiga, ba a taɓa layi. Na rage murya na ce masa surukina ne. Ya dube ni kamar na yi masa wani yare, ya ce, "Ko kakanka ne. Ka ɗora ko ka fita."

Yanzu da furfura a kaina na san amsar, ko ɗan yaye ya san ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Amma a wannan lokacin dabara irin ta wawa ce ta zo mini. Na ce bari in fita kamar fitsari ya matse ni, in zaga bayan aji, kafin in dawo wataƙila wani a layin ya gane, ya ja Baffa gaba ya bar mini wani bayan. Na sunkuya ta ƙarƙashin igiya na fita. 'Yan kallon Alhaji suka sa ihu da tafi, ido duk ya dawo kaina, ni kuwa na duƙar da kai na yi sauri na sha kwana. Ko tsugunawa ban yi ba na ji usur. Na juyo a guje, soja ɗaya ya miƙe daga gindin darbejiya ya dube ni kawai, na tsaya cak. Daga inda na tsaya ba a hango layi, da kunne na bi ƙirgar, jikina a jingine da bango mai zafi, malamin zaɓe yana faɗa da ƙarfi jama'a suna amsawa. Aka gama na Hedimasta aka koma na Alhaji. Da suka zo daidai da adadin namu, sai na ji an ƙara ɗaya, aka yi shiru, sannan ganga ta tashi. Da mutum ɗaya aka kayar da mu. Na ce a raina da na tsaya da an yi kunnen doki, da an sake, da wani abin ya faru. Ban shiga motarmu ba, na jira kowa ya watse na hau wata motar hatsi, na sauka a hanya na ƙarasa gida da ƙafa.

Labari ya riga ni isowa. A gari ba wanda ya tambaye ni dalili, kowa ya riga ya yanke cewa an saye ni. Sabuwar rigar da na ɗinka da gumina ta zama shaida, aka ce ai ga ta nan. Aka daina kawo mini wasiƙa. In na nufi teburin mai shayi sai hira ta mutu, tsohon nan mai tufkar igiya in na gaishe shi sai ya tofar da yawu ya ci gaba da tufkarsa. Da wane baki zan kare kaina? In ce na bar gari ya faɗi don kada in taɓa rigar surukina? Wanda ya yarda zai ce wawa ne, wanda bai yarda ba zai ce maƙaryaci ne, kuma ko ta yaya sai na jefa sunan Baffa a bakin mutane. Na ja bakina na yi shiru. Mahaifina sau ɗaya ya tambaye ni, a gona, na faɗa masa gaskiya. Ya sauke fartanyarsa ya ce, "Ni na koya maka." Bai ƙara ta da maganar ba har ya bar duniya. Matata kuwa ba ta tambaya ba sam. Ta ci gaba da kawo mini abinci ta durƙusa ta ajiye, amma ta daina 'yar waƙar da take yi in tana daka, kuma wannan ya fi zagin gari yi mini ciwo.

Majalisar da muka sha wannan wahala a kanta, in ka tambaye ni abin da ta yi, ban sani ba. Sun tafi sun zauna, mun ji su suna ta magana a rediyo, sojojin kuma ba su sauka a lokacin da suka ce ba. Amma mu namu ya same mu da wuri. Alhaji ya dawo da tuta a gaban mota da ɗan sanda a baya, wannan karon takardarsa ba ta dawo ba. Kafin damina ta tsaya tarakta ta shiga burtali. Ina gonarmu ina jin tana tumɓuke aguwar da kakanninmu suka kafa. Aka dasa turakun siminti aka ja waya mai ƙaya. Shanu suka zo da hantsi kamar yadda suka saba, suka tarar da waya, suka tsaya suna kuka, wata tsohuwar saniya ta yi ta turawa har ta yage ƙirjinta. Aka ce su zaga ta bakin titi, tafiya mai nisa a cikin rana, mota ta riƙa buge musu dabbobi. Da suka gaji suka fara ratsa gonakin mutane, manoman da suka tashi tare da makiyayan nan suka fara kai su ƙara, aka koma ɗaga sanda da adda a inda a da ake tsayawa gaisuwa. Baffa ya riƙe mutanensa damina ɗaya da rani ɗaya. Da aka fasa wa ɗan ƙaninsa kai a bakin rafi sai ya ce ya isa, za su tashi su yi kudu, can bayan dajin Falgore.

Ranar tashi da hantsi na raka matata ruga ta yi sallama da iyayenta. An riga an rushe bukkoki, an ɗaure ƙorai da tukwane a bayan jakuna, inda aka yi shekaru ana zaune ba abin da ya rage sai toka da turaku. Na tsaya nesa a gindin wani gawo, na cire takalmi na tsuguna kamar yadda na saba, ina jiran ƙaninsa ya zo in ba shi saƙon ban kwana. Sai na ga Baffa da kansa ya nufo ni. Na yunƙura zan kauce, ya ce in zauna. Ya zo ya tsaya ya ba ni baya yana kallon shanunsa, kuma tun ranar ɗaurin aure wannan ne karo na farko da ya yi mini magana ba ɗan aike.

"Ɗan abokina," in ji shi, "na ji abin da ake faɗa a kanka. Na san ba a saye ka ba."

Na sunkuyar da kai ina kallon takalmina.

"Ranar nan na ji numfashinka a bayana, na ji abin da ɗan sandan ya ce maka. Na san ba za ka iya ba. Da aka sa ihu na ɗauka kana nan a tsaye ake yi maka dariya. Na ce ko ni ko kai, ɗaya za a ƙirga, to gara a ƙirga kai, kai ne za ka zauna da mutanen nan. Na sauke hannuna na fita ta ɗaya gefen, ban waiwaya ba don kada mu haɗa ido. Sai da aka busa usur na juyo, na ga wurin ba kowa."

Ashe mu biyu ne. Idon kowa yana kaina, ba wanda ya kula da tsohon da ya zame ta ɗaya gefen, 'yan kaɗan ɗin da suka gani kuma suka rufe bakinsu don girman Arɗo. Da mun tsaya mu biyun, ba kunnen doki ba, mu ne da nasara da mutum ɗaya. Ya ce ya sha yin niyyar zuwa zauren mai unguwa ya wanke ni, kunyar dai ta sake riƙe shi, in yafe masa. Sannan ya ja da baya ya tsuguna a gabana, har yanzu bayansa nake gani, ya miƙo hannu ta baya ya laluba ya kamo hannuna na dama, ya ɗora a kafaɗarsa ya danne da nasa.

"Ji," ya ce. "Ƙashi ne kawai da tsumma. A kan wannan muka ba da ruwan shanunmu."

Ya miƙe ya ɗauki sandarsa ya bi bayan garke. A hanyar komawa gida na faɗa wa matata duka, ta zauna a tsakiyar hanya ta yi kukan da ba ta yi ba a ruga.

Bai yi damina uku a can ba. Ta bakin wani mai fataucin shanu muka ji rasuwarsa, bayan an yi sadakar bakwai, ban samu ko sa kafaɗata a ƙarƙashin makararsa ba. Ban taɓa faɗa wa mutanen gari abin da ya ce mini ba, waɗanda suka zarge ni yawancinsu sun tafi da zarginsu, Allah ya jiƙansu. Gonar Alhaji ta sauya hannu ban san sau nawa ba, rafin ya janye, jikokina in na ce burtali sai su ce mene ne shi. Yanzu zaɓe kati ne da dangwale a bayan kwali, ba mai ganinka ba ka taɓa kowa, duk da haka ban ga mun fi da sanin inda ƙuri'armu take zuwa ba. Yaran nan in suka ji labarin yadda muke gudun surukai dariya suke yi, suna cewa ƙauyanci ne. Raina yana ɓaci in na ji haka, don ban taɓa ganin mutanen da suka san darajar juna kamar mutanen nan ba. Amma in na buɗe baki zan yi musu faɗa sai in tuna saniyar nan a jikin waya, in rufe.

Jiya mijin autata ya zo kai ni asibiti a Kiru. Kullum ƙarfen bayan babur nake riƙewa, ko da hanyar za ta jefar da ni. Muka bi ta gefen tsohon burtalin, inda turakun simintin suke har yau, ya ɗan juyo ya ce, "Baba, riƙe ni da kyau, nan wurin ba kyau." Na saki ƙarfen na ɗora hannuna a kafaɗarsa. Ban ɗauke ba har muka isa, kuma duk hanyar hawaye nake yi, shi yana tsammanin iska ce take shiga idona.